Yadda zaka gyara girman kesh na burauzarka ba tare da ka ƙara jagwalgwala na'urar ba

Wani ƙanina ne ya kawo min laftof ɗinsa kwanakin baya, irin na gwanjon nan, RAM, wato ma'ajiyar wucin gadi da na'ura ke aiki a cikinta, 4GB, diskin ma tsohon nan ne mai juyawa, yace yaya don Allah duba min, tunda na bi wani bidiyo na gyara Firefox abin sai ƙara nauyi yake kuma data na zuba kamar an huda bokiti. Ina buɗewa sai naga ashe kesh na diski ya kashe gaba ɗaya, sannan ya ware wa kesh na RAM giga ɗaya cur, a na'urar da Windows kaɗai ta riga ta kwashe kaso mai tsoka tun kafin a buɗe komai. Mai bidiyon bai yi ƙarya ba fa, shi dai nasa injin daban ne, RAM ya ishe shi, intanet ɗinsa kuma ba a ƙirga masa mega. Mu nan da muke sayen data ana zare mana ita muna kallo, lissafin ba ɗaya bane.

To bari mu fara daga menene ma kesh ɗin, don yawancinmu abin da muka sani kawai shi ne idan waya ta cika a goge shi.

Ka ɗauki mai shagon tireda. Akwai kayan da ke kan kanta gabansa, miƙa hannu kawai zai yi. Akwai na cikin sito a baya, sai ya tashi ya shiga ya ɗauko. Sannan akwai wanda babu shi sam, sai ya hau mota ya tafi kasuwa sari. Haka burauza take. Duk shafin da ka buɗe tana sauko da hotuna, da tambarin shafin, da salon rubutu, da fayilolin da ke tsara kamanninsa, sai ta ajiye kwafinsu don gobe idan ka dawo ba sai ta sake zuwa sari ba. Wanda ta ajiye a RAM shi ne na kan kanta, saurinsa ba a magana amma wurin ƙarami ne, kuma kana rufe burauzar ko batir ya mutu bayan an ɗauke wuta, shikenan ya tafi. Wanda ta ajiye a diski shi ne sito, bai kai wancan sauri ba amma yana nan ko ka kashe na'urar sati guda. Zuwa kasuwa kuma shi ne datarka.

Kafin ka taɓa kowace lamba, duba na'urar tukuna. Danna Ctrl da Shift da Esc tare, Task Manager zai buɗe, ka shiga Performance ka kalli Memory da Disk, amma ka yi hakan lokacin da burauzar ke buɗe da irin shafukan da ka saba aiki da su, ba lokacin da na'urar ke zaune ba ta komai ba. Idan kaga RAM ya kusa cika, to ƙara wa kesh na RAM girma ba magani bane, ƙarin ciwo ne, domin idan RAM ya cika Windows tana fara kwashe kaya tana zubawa a diski tana dawowa da su, kuma a tsohon diski mai juyawa wannan kai-komon shi ne ke sa linzami ya daskare kana ta dannawa babu amsa. Idan kuma kaga RAM ɗin na da sarari da yawa amma Disk ne ke bugawa ɗari bisa ɗari, nan ne gyaran zai iya yin amfani. A wurin nan ma zaka ga an rubuta ko HDD ne, wato tsohon diski mai juyawa, ko SSD, sabon nan mai sauri da ba ya juyawa, ka riƙe wannan a ranka, zamu dawo kansa.

Firefox zan fi daɗewa a kai, saboda ita ce ta bar ƙofar a buɗe. A wurin rubuta adireshi ka rubuta about:cache ka danna Enter. Zaka ga ɓangare biyu manya, memory da disk, kowanne an nuna iyakar da aka yanka masa da kuma abin da yake amfani da shi yanzu. Abin da zai ba ka mamaki shi ne ƙanƙantar na memory ɗin. Idan baka taɓa komai ba Firefox da kanta take lissafawa daga girman RAM ɗinka, mai 2GB tana ba shi kamar mega 24, mai 4GB mega 30, daga 8GB zuwa sama kuma mega 32 ne, ko RAM ɗinka 64GB ne nan ta tsaya. Mega 32 fa. Wato duk surutun da ake cewa kesh ne ke cinye RAM, a nan dai ba gaskiya bane, masu cin RAM su ne tab ashirin ɗin nan da ka bari a buɗe tun shekaranjiya.

Sannan ka lura da abin da ke ciki, sau da yawa ko wannan ɗan mega 30 ɗin ma bai cika ba. Dalili kuwa, muddin kesh na diski na kunne, mafi yawan kaya can suke tafiya, na RAM ɗin yana karɓar abubuwan da ba a son su sauka a diski ne, misali abin da ka buɗe a tagar sirri, wato Private Window, wannan ba a rubuta shi a diski sam. Don haka wanda ya ƙara lambar RAM kaɗai ya bar diski yadda yake, yawanci ba zai ga wani canji ba, sai dai jin daɗin cewa ya yi wani abu. Na sha ganin haka, mutum ya rantse maka wallahi ta ƙara sauri, alhali ristat ɗin da yayi ne ya taimaka.

Yanzu ga yadda ake canjin. Buɗe sabon tab ka rubuta about:config, za ta gargaɗe ka, ka danna Accept the Risk and Continue. Gargaɗin nan ba na wasa bane, saiti dubbai ne a ciki, kar ka kama taɓa wanda baka sani ba don kaga sunansa ya burge ka. A akwatin bincike rubuta

browser.cache.memory.capacity

Zaka ga -1 a gabansa, ma'anarsa ke Firefox ki yanke da kanki. Danna alamar fensir ɗin da ke gefe, goge -1, rubuta lambarka, sai ka danna alamar dacen nan mai kama da makin malami. In ma baka ga saitin ba, za ta ba ka zaɓi uku, ka zaɓi Number ka danna alamar tarawa ka ƙirƙire shi. Inda mutane ke faɗawa rami shi ne ma'aunin, da kilobayit ake rubutawa ba mega ba. Wani ya rubuta 512 yana zaton ya ba ta mega 512, ashe rabin mega ya ba ta, ya rage maimakon ya ƙara. Lissafin shi ne megan da kake so sau 1024. Mega 64 zai zama 65536, mega 128 shi ne 131072, mega 256 shi ne 262144, mega 512 kuma 524288, giga ɗaya 1048576. Idan ka sa 0 ka hana shi aiki kenan. Ka kuma tabbatar browser.cache.memory.enable yana kan true, in ba haka ba duk lambar da ka sa aikin banza ne.

Akwai wani ɗan'uwansa da ake mantawa, browser.cache.memory.max_entry_size, wanda ke kan 5120, wato duk fayil ɗin da ya wuce mega 5 ba za a ajiye shi a RAM ba komai girman wurin da ka ware. Idan ka faɗaɗa kantar ka bar ƙofar shagon ƙarama ai babban kwali ba zai shiga ba. Mai RAM wadatacce zai iya kai shi 51200, daidai da iyakar da aka sa wa na diski, ko ya sa -1 ya cire wannan iyakar, ni dai ban cika son cirewar ba.

To nawa ya kamata ka sa? Ga ra'ayina, kuma ra'ayi ne ba doka ba. Mai 4GB ya bar shi a -1 ya kama gabansa, babu abin da zai samu a nan. Mai 8GB, in yana so, 131072 ko 262144 ba zai cutar ba. Mai 16GB zuwa sama shi ne zai iya wasa da 524288 ko giga ɗaya hankali kwance. Kuma ka sani lambar nan iyaka ce, ba wai nan take Firefox za ta kwashe wurin ba, a hankali yake cika yayin da kake yawo a shafuka, shi ya sa laftof ɗin ƙanin nawa yake farawa lafiya da safe, zuwa azahar ya zama kamar jakin da aka yi wa lodin yashi.

Sai babbar maganar, wato kashe kesh na diski, browser.cache.disk.enable a mayar da shi false. Idan ka yi haka komai zai koma RAM, kuma a lokacin ne lambar da ka sa a sama take fara aiki da gaske. Masu ba da shawarar nan dalili biyu suke kawowa. Na farko wai don kar SSD ya gaji da yawan rubutu, wannan a SSD na zamanin nan ba abin da zai hana ka barci bane, yawanci laftof ɗin zai tsufa ya mutu da wata cutar kafin kesh ya kashe diskin. Na biyu shi ne mai ma'ana, idan tsohon HDD gare ka mai jan ƙafa, kuma netwok ɗinka mai ƙarfi ne, wani lokaci sauko da ƙaramin hoto daga intanet ya fi saurin lalubo shi a diskin da ke ta gurnani. Amma ka duba farashin. Duk sanda ka rufe Firefox kesh ya tafi, gobe da safe duk shafin da ka buɗe daga farko za a sauko da komai nasa, tambari, rubutu, fayilolin JavaScript masu nauyin nan, kullum kullum. Wanda ke kan wayafai na ofis da ba a ƙirgawa bai damu ba. Kai da ke jona laftof da hotspot na waya kana leƙa balans kowace awa, kai ne zaka biya. Ga kuma matsalar wuta, laftof mai mataccen batir ana ɗauke nefa yake mutuwa, a rana ɗaya sai kesh ɗinka ya goge sau uku.

Shi ya sa ga mafi yawanmu ni akasin haka nake ba da shawara, a bar na diski a kunne, in ma akwai wuri a ƙara masa. Shi ma Firefox ce ke yanka masa girma da kanta gwargwadon sararin da ya rage a diskin. In kana so ka karɓi ragamar, sai ka fara neman browser.cache.disk.smart_size.enabled ka mayar da shi false, in baka yi wannan ba duk lambar da ka sa ba za ta yi aiki ba, sannan ka je browser.cache.disk.capacity ka sa lambarka, shi ma da kilobayit. Giga ɗaya, 1048576, ya ishi kusan kowa. Wanda kuma ƙaramin laftof gare shi irin mai ma'ajiyar 32GB ko 64GB ɗin nan da kullum Windows ke kukan babu wuri, shi ragewa zai yi, ya sa 262144 ya huta. Da can akwai wannan saitin a fili cikin Options, ka sa maki a akwati ka rubuta megan da kake so, daga baya suka cire shi, sai ta about:config ɗin.

Wani abu da mutane basu cika sani ba, Windows ita ma tana da nata wayon, fayil ɗin da ake yawan buɗewa tana riƙe kwafinsa a RAM ɗin da ba a amfani da shi. Kenan idan RAM ɗinka na da sarari, kesh ɗin da kake cewa na diski ne sau da yawa daga RAM ake miƙo maka shi ba tare da ka taɓa komai ba.

Bayan ka gama ka rufe Firefox gaba ɗaya ka sake buɗewa, ka koma about:cache ka tabbatar sabuwar iyakar ta fito. Kar ka canza abu biyar lokaci guda, ɗaya zaka canza ka yi aiki da shi kwana biyu ka gani, in ba haka ba idan abu ya ɓaci baka san wanne ne mai laifin ba. Duk saitin da ka taɓa rubutunsa zai yi kauri, kuma akwai 'yar kibiya mai lanƙwasa a gefensa, kana danna ta ya koma yadda ya zo. Akwai ma akwatin Show only modified preferences da zai jero maka waɗanda suka sauya, kodayake a ciki har da waɗanda Firefox ta sauya da kanta, kar ka tsorata ka kama mayar da su duka. In abin ya rikice maka sosai, about:support akwai Refresh Firefox, zai share saitunanka da ƙarin manhajojin da ka liƙa mata amma ya bar maka fasawod da shafukan da ka adana.

Chrome kuwa, gaskiya babu wurin da zaka saita kesh na RAM, Google basu bayar da wannan ba, ita ke yanke hukunci. Na diski kaɗai zaka iya taɓawa, shi ma ta bayan gida. Danna dama a kan alamar Chrome da ke fuskar kwamfuta, shiga Properties, a layin Target ka je can ƙarshe bayan alamar rufe zance, ka bar fili ɗaya sannan ka ƙara

--disk-cache-size=524288000

Nan kuma da bayit ake rubutawa, ba kilobayit ba, ka ga wani ramin. Wannan lambar mega 500 ce, 209715200 mega 200, 1073741824 giga ɗaya. Sharaɗin shi ne sai ka buɗe Chrome ta wannan alamar zai yi aiki, in ka buɗe ta wata alamar daban ko ka danna link daga wata manhaja alhali Chrome na rufe, za ta tashi ne da saitinta na asali. Kuma ka tabbatar ta rufu duka kafin ka gwada, don tana da halin laɓewa a baya ko ka rufe tagar. Don ka tabbatar ya kama, rubuta chrome://version ka duba layin Command Line, in kaga abin da ka rubuta a ciki to ya shiga. Edge ma haka ake mata tunda injinsu ɗaya, haka Brave.

Amma in RAM ne damuwarka a Chrome, ka manta da kesh, je chrome://settings/performance ka kunna Memory Saver, wanda suka sanar a ƙarshen 2022. Aikinsa shi ne tab ɗin da ka daɗe baka leƙa ba ya kwantar da shi ya karɓe RAM ɗinsa, sai ka dawo ya sake loda shi. A na'ura mai 4GB wannan ya fi duk wani wasa da lambobi amfani nesa ba kusa ba. Ka dai saka shafukan da baka so a kwantar a jerin da aka tanada a wurin, irin WhatsApp na kwamfuta, ko fom ɗin rajista da ka yi rabin cikewa, don babu takaici kamar ka dawo ka tarar an sake lodawa komai ya goge. Edge nata sunansa Sleeping tabs. Danna Shift da Esc a cikin Chrome kuma zai nuna maka wane tab ne ko wane ƙari ne ke shan RAM, a Firefox about:processes ne ke wannan aikin, sau da yawa zaka tarar wani ƙarin da ka sa shekara biyu da suka wuce ka manta da shi ne ɓarawon.

Ka kuma rage tsammani, akwai abin da kesh ba ya yi ko ka ba shi giga goma. Shafin da baka taɓa buɗewa ba dole a sauko da shi. Bidiyon YouTube ko na Facebook ba zai daina tsayawa ba don ka ƙara kesh, wannan tsakaninka da netwok ne. Sannan masu shafin ne ke gaya wa burauza abin da za ta ajiye da tsawon lokacin, shafin banki misali yakan ce kar a ajiye bayanan asusu sam, kuma haka ya dace. Wani canjin ma da aka yi, tun Chrome 86 a 2020 da Firefox 85 a farkon 2021, kowane shafi kesh ɗinsa daban, ko da shafuka biyu suna amfani da fayil iri ɗaya sak kowanne sai an sauko masa da nasa, an yi haka ne don hana masu talla bin sawun mutane ta cikin kesh. In kana son gani da idonka, a Chrome danna F12, shiga Network, ka sake loda shafin, a layin Size zaka ga wasu an rubuta memory cache wasu disk cache, waɗannan ko bayit ɗaya na datarka basu ci ba.

Goge kesh kullum da wasu ke yi kamar wanke kwanuka, ko manhajojin share-share da ke yi musu, asarar data ce kawai, kana kwashe kayan sito kana zubarwa sannan ka koma kasuwa. Idan shafi ɗaya ne ya haukace, yana nuna tsohon abu ko rubutu ya hau kan rubutu, Ctrl da F5 a kan shafin ya isa, zai sauko da sabo ya bar sauran. Sai abin ya ƙi sannan ka danna Ctrl da Shift da Delete, kuma ka sa maki a kan hotuna da fayilolin kesh kaɗai, in ka haɗa da kukis, wato 'yan bayanan da shafi ke tuna shigarka da su, za a fitar da kai daga duk inda ka shiga, ka zo kana neman fasawod ɗin imel da ka manta tun 2019.

A waya babu wani dogon zance. Chrome na Android bashi da wannan saitin, Firefox na waya ma ta yau da kullum an toshe about:config, sai a samfurin gwaji irin Nightly. Abin da zaka iya shi ne Settings na wayar, Apps, ka zaɓi burauzar, Storage, Clear cache idan wuri ya ƙare maka, ka kula da yatsanka kar ya faɗa kan Clear data da ke kusa da shi, wannan komai yake kwashewa. Lite mode ɗin da Chrome ke da shi na rage cin data sun cire shi a 2022, wanda ke neman irin wannan yanzu sai dai Opera Mini, da ke matse shafin a sabobinsu kafin ya iso wayarka.

Laftof ɗin ƙanin nawa dai na mayar masa da capacity zuwa -1, na kunna na diski, na cire wasu ƙari guda uku da ko shi bai san me suke yi ba, sannan nace ya tara kuɗi ya sayi SSD ko ƙarami ne a sauya masa tsohon diskin, in da hali ya ƙara RAM 4GB tunda na duba akwai ramin da ba kowa a ciki.